Neman Randhoj a Imphal

Aitamaya ba ta taɓa ganin ubanta ba. Tana da wata biyar a ciki hutunsa ya ƙare ya koma bataliyarsa, tana da wata uku a duniya takarda ta iso ƙauyensu da ke tsaunukan Gulmi, cewa soja Randhoj Thapa ya ɓace a yaƙin Imphal, inda rundunar Turawa da yake ciki ta gwabza da Japanawa. Ba a ce ya mutu ba, ba a kuma ce yana raye ba.

Uwarta Jasmati ta yi shekara goma sha biyu tana jira. Da dangin miji suka gaji, sai suka ɗaure ciyawa suka yi siffar mutum, suka kai bakin kogi suka ƙona a madadin gawarsa. A ranar aka fasa awarwaron Jasmati, aka goge jan garin da matan aure ke sawa a tsagar kai. Shekararta talatin da ɗaya a lokacin. Manema sun zo, har da wani mai gonaki daga ƙetaren kogi, ta ce ita matar soja ce. Ba ta sake sa jan tufafi ba har ta koma ga Mahaliccinta. Ba ta iya karatu ba, amma ta haddace lambar sojan mijinta, ta kuma koya wa 'yarta kamar yadda ake koya wa yaro ƙirga: bakwai, huɗu, ɗaya, tara, biyu.

Sai da Aitamaya ta kai shekara sittin da takwas, gwiwoyi sun fara ƙin hawan tudu, sannan 'yarta Sabitra, wadda ke aikin jinya a Butwal, ta ce mata, "Ama, tunda kullum zancen ke nan, ki shirya mu je ki gani da idonki." Sabitra ce ta samo wani jagora mai zagayawa da baƙi filayen yaƙin, ta aika masa da suna da lamba tun wata biyu kafin tafiyar. Amsar da ya bayar gajeriya ce. Ya ce su zo kawai.

Kwana uku suka yi a hanya, daga mota zuwa jirgin ƙasa zuwa na sama. Ranar huɗu da ƙarfe bakwai na safe wata ƙaramar bas ta tsaya a ƙofar masaukinsu a Imphal. Jagoran, Lukhoi, gajeren mutum ne mai kimanin shekara hamsin, bakinsa ja wur da goron da suke taunawa da ganye. Ya haɗa hannuwa ya gai da Aitamaya da harshenta.

"A ina ka koyi maganarmu?" in ji Aitamaya.

"Wurin masu kawo mana madara, Ama. Shi ya sa zagi na fi iyawa."

"Ai da ji. Kana magana kamar mai koran bauna."

Ya yi dariya, amma bai haɗa ido da ita ba. Da Sabitra ta matso ta tambaye shi ko ya gano wani abu, sai ya duba agogo ya ce rana na yi, za su yi magana a gaba.

A cikin motar akwai wani tsohon Bature da matarsa, da kuma wani dattijo ɗan Japan mai suna Horiuchi, wanda ya rungume jaka a ƙirji kamar mai riƙe da jariri. Aitamaya ta zauna a kujerar da ta fi nisa da shi.

Maƙabartar Turawa suka fara zuwa. Ciyawa a aske lumui, furanni a layi, kowane kabari da ɗan allonsa na tagulla. Baturen ya ciro takarda daga aljihu, ya ƙirga layi, ya ƙirga kabari, ko minti biyar ba a yi ba ya tsaya a kan na kawunsa. Ya cire hula, matarsa ta ɗauke shi hoto.

"Kin ga nasu," Aitamaya ta ce wa 'yarta ƙasa-ƙasa. "Har da lambar ɗaki, sai ka ce otal."

"Ama, za su ji ki."

"Su ji mana. Ai ba zaginsu na yi ba."

Daga nan aka wuce wurin wani bangon dutse inda aka rubuta sunayen sojojin da aka ƙona gawarwakinsu. Aitamaya ta yi gaba. Ta cire takalmi tun daga bakin ƙofa, ko da yake ba wanda ya ce ta cire. Sabitra ta sa tabarau ta fara bin sunayen da yatsa, tana karantawa a fili. Thapa kam ga su nan birjik. Duk wanda ta kira, tsohuwar sai ta ce, "Wuce." Suka kai ƙarshe, suka dawo farko, suka sake bi. Rana ta fara zafi, dutsen ya ɗau ɗumi. Babu Randhoj.

"Ko kin tsallake wani layi?"

"Sau biyu na bi, Ama."

"To ki bi na uku. Aikin me muka zo yi?"

Ta bi na uku. Lukhoi yana can gindin wata bishiya yana yi wa Baturen bayanin inda jiragen sama suke sauka a lokacin yaƙi, ya juya musu baya. Aitamaya ta kwance ƙullin da ta zo da shi tun daga gida, na 'yar fitilar man shanu da furanni da suka riga suka yanƙwane a hanya. Ta rasa gaban sunan da za ta ajiye. A ƙarshe ta kunna fitilar a ƙasan bangon, daidai tsakiya, ta ce duk mai so ya ɗauka.

Wajen ƙarfe goma sha ɗaya suka isa wani tudu mai jar ƙasa a kudancin gari, inda Japanawa suka gina wa nasu wurin tunawa. Lukhoi ya nuna inda ramukan sojoji suke a da, yanzu abarba ce aka shuka a wurin. Horiuchi ya durƙusa ya buɗe jakarsa. Ya fito da gorar ruwa, da 'yar kwalbar giya, da dunƙulen shinkafa guda uku. Ya zuba ruwan a ƙasa a hankali yana magana shi kaɗai.

"Me yake cewa?" Aitamaya ta tambaya.

"Da yayan babansa yake magana," in ji Lukhoi. "Ba harsashi ne ya kashe shi ba, yunwa ce da gudawa, a wani wuri cikin dajin can. Ba a san inda yake ba. Zuwansa na shida ke nan. Ruwan daga rijiyar gidansu yake kawowa."

"Su suka kashe mini uba, kuma su ne da kuka."

Horiuchi ya tashi da ƙyar, ya miƙa wa kowa tsinken turare. Da ya zo kanta ya sunkuyar da kai. Ta daɗe tana kallon hannunsa, hannun tsoho ne irin nata. Ta karɓa, amma ba ta kunna ba, ta riƙe shi har suka koma mota.

A wurin cin abincin rana ne haƙurinta ya ƙare. An kawo shinkafa da miyar kifi mai barkonon da ya sa matar Baturen hawaye. Aitamaya ba ta taɓa nata ba. Ta bari sai da Lukhoi ya je wanke hannu a bayan rumfa, ta bi shi.

"Kai ɗan nan, tsaya. Na haifi biyar, na binne biyu, na san fuskar mai ɓoye magana. Tun safe kana kewaye ni kamar kare da garwashi. In sunansa ba ya nan, ka ce ba ya nan, in koma gida."

Ya share hannunsa da gefen riga, ya daɗe yana sharewa.

"Ama, ki kira Didi Sabitra. Gara tana wurin."

Da Sabitra ta zo, ya sa hannu a aljihun gaba ya ciro wani abu a naɗe cikin hankici. Ɗan faifai ne zagayayye irin wanda sojoji ke ratayawa a wuya, girmansa bai wuce kwabo ba, da huda a gefe, ya yi baƙi don tsufa. Ya ce shi yana tara kayan yaƙi a wani ɗaki a gidansa, hulunan kwano da kwanson harsasai da cokula, duk abin da manoma suka tono. Wannan kuwa ba tono shi aka yi ba. Wani mai shanu ne a ƙauyen da ke kan hanyar arewa ya ba shi, shekara shida da suka wuce, ya ce na babansa ne, a ƙasan akwatinsa suka gani bayan ya rasu.

Sabitra ta karɓa ta kai kusa da ido. Ba ta karanta a fili ba. Ta kalli uwarta kawai.

"Karanta mana," in ji Aitamaya.

"Bakwai, huɗu, ɗaya…"

"Ya isa."

Ta zauna a kan wani bokiti da aka kife. Ta ce, "Wato wani ne ya cire a wuyan gawarsa."

"Ni ma haka na so ya zama, Ama," in ji Lukhoi. "Da takardarku ta zo na koma ƙauyen na tambaya. Ba a wuyan gawa aka cire ba. Nasa ne. Bai mutu a yaƙin ba."

Sabitra ce ta tashi da faɗa. "Wata biyu kana da wannan labari! Ka bar tsohuwa ta yi kwana uku a hanya, ka bar ni ina bin bango da yatsa kamar mahaukaciya!"

"Sau uku na rubuta miki ina gogewa, Didi. Yaya ake faɗin irin wannan ta waya? Yau ma da safe na ce bari ta ga wuraren tukuna, ko ta ɗan samu abin da ta zo nema. Na yi kuskure. Ki zage ni, na cancanta."

Aitamaya ba ta zage shi ba. Ta tambaya ko ƙauyen da nisa. Ya ce wurin tsayawarsu na ƙarshe yana bakin ƙauyen, kuma ya riga ya gaya wa iyalan da ubanta ya bari a can cewa wataƙila a zo.

Tafiyar awa ɗaya ce. Baturen ya yi ta tambayar sunayen tsaunuka. Da suka isa, Lukhoi ya bar sauran baƙin a wurin wani ginshiƙin tunawa tare da direba, ya ja su biyun ta wata siririyar hanya mai taɓo da kashin shanu. Gidan na katako ne da rufin kwano, garke a gefe, masara a rataye a ƙarƙashin rufi, daidai yadda ake ratayewa a Gulmi.

Wani mutum mai furfura ya fito yana gyara hula. Lokendra ke nan, babban ɗan gidan, shekararsa sittin da biyu. Ya tsaya ya rasa irin gaisuwar da zai yi. Ya haɗa hannuwa, sai kuma ya sunkuya kamar zai taɓa ƙafarta, ta ja baya.

"Shigo, Didi," ya ce. Kalmar, wadda a harshensu ake kiran babbar 'yar'uwa da ita, ta fito masa da ƙyar.

Hoton yana rataye a saman ƙofar ɗaki, da busassun furanni a kewaye. Wani tsoho ne mai ƙiba, yana zaune a kujera da jika a cinya, yana dariya har ana ganin giɓinsa. Aitamaya ta tsaya a ƙarƙashinsa. Duk rayuwarta saurayi take gani in ta rufe ido, siriri, da kaki da wuƙa a ɗamara. Wannan kuwa tsoho ne da ya ci ya ƙoshi. Amma kunnuwan nata ne, da faɗin goshin, ba mai musu.

Matar Lokendra ta kawo shayi mai madara da yawa. Shi kuma ya ba da labarin yadda ya ji shi, guntu-guntu, domin tsohon ba ya son zancen. Bom ne ya faɗa ramin da suke su shida, shi kaɗai ya fita, da rauni a cinya, kunne ɗaya ya toshe. Ya gudu bai san inda yake nufa ba. Wasu makiyaya 'yan ƙasarsu da suka daɗe a nan suka tsince shi a bakin rafi, suka ɓoye shi a garke har ya warke. Da ya warke sai tsoro ya kama shi, an ce duk sojan da ya gudu harbe shi ake yi. Ya bar sunansa, ya zama Maila mai shanu. Yaƙi ya ƙare, Turawa suka tafi, shi yana nan. Ya auri 'yar wanda ya ɓoye shi, suka haifi shida.

"Mutumin kirki ne, Didi. Bai taɓa ɗaga wa ɗayanmu hannu ba. Sai dai in lokacin bikin fitilu ya zo yara suka fara fasa abin wuta, garke yake shiga ya kwanta tsakanin shanu har gari ya yi shiru."

"Yaushe ya rasu?"

"Bana shekara goma sha biyar."

Aitamaya ta yi lissafi a yatsunta, a fili, ba ta damu da masu kallo ba. Uwarta ta cika shekara tara da rasuwa. Ke nan shekara shida kacal Jasmati ta yi tana takabar gaske. Sauran arba'in da ɗoriya, mijinta yana nan yana tatsar madara.

"Bayan Turawa sun tafi, wa zai harbe shi?" ta ce. "Mota tana zuwa. Takarda tana zuwa. Masu zuwa aikin ganyen shayi ma suna komawa gida duk shekara."

Lokendra ya kalli ƙasa.

"Ya taɓa ambaton Gulmi?"

"Ya ce shi mutumin yamma ne."

"Ya taɓa cewa ya bar mace da ciki?"

Matar Lokendra ta taɓa gwiwar mijinta. Aitamaya ta gani.

"Kada ka yi mini ƙarya don ka faranta mini. Na tsufa da wannan."

"Ya ce duk nasa sun mutu, Didi. Ya ce annoba ce ta cinye ƙauyensu."

Sabitra ta rufe fuska da gyale. Aitamaya ta gyaɗa kai kawai, kamar wadda aka gaya wa farashin gishiri. Ta ɗauki shayin ta kurɓa, ta ajiye.

Matar gidan ta yi gyaran murya. Ta ce ba wai wani abu ba, amma gara a faɗa tun yanzu, filin nan ba shi da yawa, an riga an raba shi shida, kuma asalinsa ma na kakansu ne na wajen uwa.

"Ke, rufe mana baki!" in ji Lokendra.

"Bar ta," Aitamaya ta ce. "Gaskiyarta ce. Ƙanwata, kwantar da hankalinki. Ina da tudun da ya fi ƙarfin gwiwata a gida, ban zo ɗaukar naki ba."

Lokendra ya roƙe su su kwana, ya ce zai aika a kira sauran 'yan'uwa, akwai biyu a nan kusa. Ta ce mota na jira, akwai baƙin mutane a ciki. Ya shiga ɗaki ya fito da wata tsohuwar hular ulu, ya ce ta tsohon ce, ta tafi da ita. Ta juya ta a hannu, ta kai hanci. Warin hayaƙi ne da na shanu, irin na kowane tsoho. Ta mayar masa.

"Ku kuka san shi. Ku riƙe."

A hanyar komawa mota Lukhoi ya miƙa mata faifan a cikin hankicinsa. Ta ce ya mayar ɗakinsa wurin cokulan. Baturen da matarsa sun riga sun shiga, suna duba hotunan da suka ɗauka. Horiuchi ya matsa mata wuri, ya tambayi Lukhoi wani abu da Turanci.

"Yana tambaya ko kin samu naki."

"Ka ce masa na samu."

Da aka gaya masa, dattijon ya haɗa hannuwa, fuskarsa ta washe, ya yi ta sunkuyar da kai yana taya ta murna. Ta juya ta kalli gonakin shinkafa ta taga har suka shiga gari.

Da suka koma Gulmi mata suka cika gidan suna tambaya. Sabitra ta so ta faɗi gaskiya, uwarta ta hana ta da ido. Ta ce musu wurin yana da tsabta, akwai masu ba furanni ruwa, shinkafarsu kuma ba ta kai ta gida daɗi ba. Da wata tsohuwa, ƙawar marigayiya Jasmati, ta matsa da tambayar ko ta ga sunan, sai ta ce idonta ba ya gani sosai yanzu. Daga ranar ba ta ƙara tayar da zancen ubanta ba, ita da a da ba a rabuwa da ita ba a ji shi ba. Da watan da ake yi wa magabata sadaka ya zo, ta yi wa uwarta ita kaɗai. Malamin addininsu da ke musu hidima ya tuna mata da ɗaya sunan, ta ce an riga an yi masa a wani wuri.

Lokendra ya kira sau biyu ta wayar Sabitra. Na farko gaisuwa ce, suka yi ta tambayar juna ruwan sama da lafiyar dabbobi har magana ta ƙare. Na biyu, bayan wata bakwai, ya ce sun yi shawara da ƙannensa, suna so a aiko musu da hoton babbar uwarsu, su rataya kusa da na tsohon.

Aitamaya ta riƙe wayar da hannu biyu. Jasmati ba ta taɓa tsayawa gaban mai hoto ba. Sau ɗaya wani ya zo ƙauyen da na'urarsa, ta ce ita ba ta da kayan da za ta sa.

"Babu," ta ce.

"Ko ƙarami ne, Didi. Ko na takardar shaida."

"Babu ko ɗaya."

Tana jin kukan maraƙi daga can ɓangarensa. Sai ta miƙa wa Sabitra wayar, ta ce ta kashe kada ta cinye masa kati. Bai sake kira ba.